Dan Allah su waye mutanen ƙananan tsibiran Fasifik, kuma ya aka yi suka isa can?

Ɗalibar_Ilmi:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Dan Allah ina da tambaya ga masu ilimin tarihi da labarin ƙasa. Jiya da daddare ƙanina ya kawo min aikin gida da aka ba su wai su rubuto ƙasashen da suka fi ƙanƙanta a duniya, to muna cikin dubawa sai muka ci karo da wata wai ita Nauru da wata kuma Tuvalu, ni dai tunda nake ban taɓa jin sunansu ba. Na buɗe taswira a waya na rubuta Nauru, wallahi ba abin da ya fito sai shuɗi, ruwa ta ko'ina, sai da na yi ta jan allon da yatsa biyu sannan wani ɗan ɗigo ya bayyana, da titi ɗaya da ya zagaye shi da filin jirgi a gefe shikenan. Na ja baya in ga maƙwabtansu, babu kowa, sai an yi tafiya mai nisa kafin a ga wani ɗigon.

Tun jiyan abin ya tsaya min a rai har na kasa barci da wuri. Ya aka yi ɗan adam ya isa irin wannan wuri tun zamanin da babu inji babu jirgin sama? daga ina suka fito? wa ya mulke su, kuma yanzu da me suke rayuwa? Sannan na ga ana cewa wai teku na shirin cinye wasu daga cikinsu, da gaske ne ko faɗa ce kawai? Duk wanda ya san wani abu ya taimaka, ko kaɗan ne, Allah ya saka da alheri.

Malam_Taswira:

Wa alaikumussalam 'yar'uwa. Kin taɓo min inda yake min ƙaiƙayi, don haka ki yi haƙuri zan ɗan tsawaita.

Abu na farko da za ki riƙe shi ne girman tekun kansa. Fasifik ya kai kusan murabba'in kilomita miliyan 165, wato ko an haɗa duk busasshiyar ƙasar duniya wuri guda ba ta kai shi ba. In aka cire Ostareliya da Niyu Zilan, ƙasashen tsibirai 12 ne a yankin suke da kujera a Majalisar Ɗinkin Duniya: Papuwa Niyu Gini, Fiji, tsibiran Solomon, Vanuatu, Samoa, Tonga, Tuvalu, Kiribati, Nauru, tsibiran Marshal, Maikoronesiya da Palau. Akwai wasu da yawa da har yau suna hannun wasu, kamar Tahiti da Niyu Kaledoniya a hannun Faransa, Guam a hannun Amurka. Masana sukan kasa yankin gida uku, Melanesiya da Maikoronesiya da Folinesiya, ma'anarsu tsibiran baƙaƙe, ƙananan tsibirai, da tsibirai masu yawa. Wani Bafaranshe matuƙin jirgin ruwa Dumont d'Urville ne ya yi wannan rabon wajen 1832, ba mutanen wurin ne suka kira kansu haka ba.

Kuma ba dukkansu ne ƙanana ba fa. Papuwa Niyu Gini ta wuce murabba'in kilomita dubu 460, tana da dutsen da tsayinsa ya kai mita 4,509, kuma harsuna sama da 800 ake magana da su a cikinta, babu ƙasar da ta kai ta yawan harsuna a duniya. A kan tsaunukanta akwai wani wuri mai suna Kuk inda aka tono shaidar cewa mutane suna noman gwaza da ayaba tun shekara dubu bakwai ko fiye da suka wuce, su da kansu suka ƙirƙiro nomansu ba wanda ya koya musu.

Tsibiran iri biyu ne, kuma in kin gane wannan kin gane rabin labarin. Akwai masu tudu waɗanda dutse mai aman wuta ya haifar, irin su Samoa da Vanuatu da manyan tsibiran Fiji, suna da koguna da ƙasar noma mai kyau. Akwai kuma na murjani, wato wani dutse da ƙananan halittun teku ke ginawa, masu siffar zobe, ƙasa 'yar siririya ta zagaye wani tafki na ruwan teku a tsakiya, a wasu wuraren in kin tsaya a titi kina ganin ruwa ta dama kina ganin ruwa ta hagu. Yadda suke samuwa shi ne, dutsen wuta ya fito daga ƙasan teku, murjani ya yi ta girma a gefensa, sai dutsen ya riƙa nutsewa a hankali cikin miliyoyin shekaru, shi kuma murjanin yana ta hawa sama don yana buƙatar hasken rana, har dutsen ya ɓace gaba ɗaya a bar zoben kawai. Masanin halittu Darwin ne ya kawo wannan bayanin a 1842, mutane suka yi ta gardama, sai a 1952 da aka haƙa rami a tsibirin Enewetak aka huda murjani fiye da mita 1,200 sannan aka tarar da dutsen wutar a ƙasa. Tuvalu da Marshal da kusan duk Kiribati irin waɗannan ne, babu kogi ko ɗaya, ruwan shansu na sama ne da kuma wani ɗan ruwan daɗi da ke kwance a ƙarƙashin yashi a saman ruwan gishiri.

To batun zuwansu. Tsibirin Niyu Gini da na kusa da shi mutane sun shiga tun fiye da shekara dubu arba'in. Amma tsibiran nesa sai daga baya sosai, wasu mutane ne da asalin harshensu ya fito daga Taiwan suka gangaro ta Filifin da Indonesiya, wajen shekara dubu uku da suka wuce suka fantsama zuwa Vanuatu da Fiji da Tonga da Samoa, ana gane sawunsu ta wasu tukwanen ƙasa masu zane da ake kira Lapita. Jikokinsu ne suka ci gaba har Hawai a arewa da Rapa Nui can gabas, sannan Niyu Zilan a ƙarshe wajen shekarar 1250 zuwa 1300. Abin da ke ba ni mamaki kullum shi ne harshen mutanen Madagaska da ke gefen Afirka dangin waɗannan harsunan ne, kin ga iyakar inda kwalekwalensu ya kai. Kuma dankali mai zaƙi wanda asalinsa na Kudancin Amurka ne, an same shi a gonakinsu tun kafin Turawa su zo.

Jirginsu kwalekwale biyu ne manya ake haɗawa da katako a tsakiya, a ɗaure da igiyar ɓawon kwakwa babu ƙusa ko ɗaya, a kafa sanda a ɗaura tabarmar da aka saƙa da ganye iska tana turawa.

Abu_Sadik:

Malam Allah ya ƙara ilimi, amma ni fa akwai inda ban gamsu ba. Anya ba masunta ne iska ta kwashe su ta watsa su can ba? domin ni hankalina bai ɗauki a ce mutum ba kamfas ba taswira ba rubutu ya nufi wani ɗigo a tsakiyar teku mai nisan kilomita dubbai kuma ya same shi da gangan ba. Ko kuskuren ɗan yatsa aka yi ai an wuce shi har abada.

Malam_Taswira:

Abu_Sadik ba kai kaɗai ba ne, a shekarun 1950 akwai marubutan Turawa da suka tsaya kai da fata a kan wannan ra'ayin naka. Amma ka duba abu biyu. Wanda ya fita kamun kifi ba ya ɗaukar mata da yara da kaji da karnuka da aladu da irin gwaza da ayaba da rake, su kuwa da irin waɗannan suke sauka, wannan shirin ƙaura ne. Na biyu iskar da ta fi kaɗawa a yankin daga gabas take zuwa ta nufi yamma, su kuma gabas suka yi ta nufa, wato suna fuskantar iskar, kuma hikima ce babba domin in ka fita neman sabuwar ƙasa ba ka samu ba sai ka juya iska ta maido ka gida da sauri kafin guzuri ya ƙare.

Kuma ba wai ba su da ilimi ba ne, a ka yake ba a takarda ba. Matuƙi tun yana yaro ake sa shi haddace inda kowane tauraro ke fitowa da inda yake faɗuwa, in wannan ya yi sama sai ya koma kan mai bi masa a wannan gurbin har gari ya waye. Da rana ko in hadari ya rufe sama sai ya koma kan igiyar ruwa, har kwanciya yake a cikin kwalekwalen don ya ji da jikinsa ta inda take bugowa, domin in igiya ta daki tsibiri takan dawo ta canza salo tun daga nesa. Akwai tsuntsayen da ke fita cin kifi da safe su koma tudu da yamma, in ka gan su da magariba sai ka bi bayansu. Gajimare ma yakan tsaya cak a saman tsibiri, wani lokaci har cikinsa ya yi kore-kore saboda hasken tafkin. Ka ga ashe ɗigon nan ba ɗigo ba ne a wurinsu, alamunsa sun bazu nesa da shi. Mutanen Marshal har taswirar igiyar ruwa suke ƙullawa da tsinke da ƙananan kwanson teku don koyar da yara.

An ma gwada an gani. A 1975 aka ƙera irin wannan jirgin a Hawai aka sa masa suna Hokule'a, a 1976 aka ɗauko wani matuƙi Mau Piailug daga ɗan tsibirin Satawal wanda ya gaji ilimin daga kakansa, ya ja jirgin daga Hawai har Tahiti, kusan kilomita 4,000, cikin wata ɗaya da 'yan kwanaki babu na'ura ko ɗaya. Tun daga nan gardamar ta mutu.

Tsohon_Ticha:

'Yata Ɗalibar_Ilmi, tunda da Nauru kika fara bari in ba ki labarinta, don ni duk tarihin yankin babu wanda ke sosa min rai kamarsa.

Faɗinta murabba'in kilomita 21 ne, mutanenta wajen dubu 12. Jamus ta mamaye ta a 1888. Wajen 1900 a wani ofishin kamfani a Sidni akwai wani dutse da aka kawo daga Nauru ana tokare ƙofa da shi, sai wani ma'aikaci Albert Ellis ya ɗauka ya auna, ashe fosfat ne mai daraja ta ɗaya, wato ma'adinin da ake yin takin zamani da shi. Daga nan aka far wa tsibirin da haƙa. Bayan yaƙin duniya na ɗaya Ostareliya da Niyu Zilan da Birtaniya suka kafa hukuma ta su uku suna kwasa suna kai wa manomansu da araha, masu ƙasa kuwa ɗan abin da ake ba su bai taka kara ya karya ba. A yaƙi na biyu Japan ta kama tsibirin ta kwashe mutum 1,200 ta kai su tsibiran Chuuk aikin dole, 737 ne kawai suka dawo, ranar 31 ga Janairu 1946, shi ya sa da za su karɓi 'yanci a 1968 suka zaɓi wannan ranar ta 31 ga Janairu.

Da ma'adinin ya dawo hannunsu a 1970 kuɗi ya shigo kamar ruwa, har aka riƙa lissafa su cikin masu arzikin duniya in aka raba da yawan jama'a. To amma gaskiya ɗaya ce, shugabanninsu ma sun yi nasu laifin, an zuba dukiyar a gine-gine a ƙasashen waje da kamfanin jiragen sama da ya fi ƙarfin ƙasar, 'yan damfara na waje suka samu wurin ci, asusun da aka tara don jikoki ya narke. Yanzu kusan kashi 80 cikin ɗari na tsibirin ba ya nomuwa ba ya zaunuwa, in kin koma taswirar nan taki ki duba tsakiyar za ki ga fari-fari, ramuka ne da duwatsu masu tsini tsaye kamar haƙora, mutane duk sun takure a bakin gaɓa. Sun kai Ostareliya Kotun Duniya a 1989, aka sasanta a 1993 a kan dalar Ostareliya miliyan 107. Daga 2001 kuma ƙasar ta koma karɓar kuɗi don a ajiye mata masu neman mafakar da Ostareliya ba ta so su taka ƙasarta.

Maƙwabciyarta mafi kusa ita ce Banaba, wajen kilomita 300, ita ma fosfat ɗin ne ya cinye ta, su mutanenta ma ɗungurungum aka kwashe su a 1945 aka kai su tsibirin Rabi a Fiji, jikokinsu na can har yau.

Sauran kuma kowa da irin tasa. Samoa raba ta aka yi a 1899 tsakanin Jamus da Amurka, gabas har yau tana hannun Amurka. Yamma ta koma hannun Niyu Zilan, kuma a Nuwamba 1918 wani jirgin ruwa Talune ya iso Apia babban birninsu da masu annobar murar da ta game duniya a lokacin a ciki, hukuma ta bar su suka sauka ba a killace kowa ba, cikin 'yan makonni kusan mutum ɗaya cikin biyar na ƙasar ya mutu. A ɓangaren Amurka kuwa gwamnan ya rufe tashar jirgi, ko mutum ɗaya bai mutu ba. Wannan baƙin cikin ne ya ƙara wa ƙungiyar neman 'yanci ta Mau ƙarfi, har 'yan sanda suka buɗe musu wuta ranar 28 ga Disamba 1929 suka kashe jagoransu Tupua Tamasese Lealofi na Uku. Su ne suka fara samun 'yanci a yankin, 1962, kuma sai a 2002 firaministar Niyu Zilan Helen Clark ta je ta nemi gafara.

Vanuatu ita kuma Ingila da Faransa ne suka mulke ta tare tun 1906, 'yan sanda iri biyu, makarantu iri biyu, kuɗi iri biyu a ƙasa ɗaya, har zuwa 1980. Tonga ce kaɗai ta riƙe sarautarta, sarkinsu George Tupou na Ɗaya ya haɗa kan tsibiran ya yi tsarin mulki a 1875, ta shiga ƙarƙashin kariyar Birtaniya daga 1900 zuwa 1970 amma sarki bai taɓa sauka ba. Kada kuma a manta da satar mutane, daga 1863 zuwa 1904 an kwashi wajen mutum dubu 60 daga Vanuatu da Solomon da kewaye zuwa gonakin rake na Ostareliya, wasu da yaudara wasu da ƙarfi.

Ummu_Hanan:

Baba Tsohon_Ticha Allah ya ƙara lafiya, amma ka bar wanda ni ya fi tayar min da hankali, wato gwajin bama-baman nukiliya. Amurka ta yi gwaji 67 a tsibiran Marshal tsakanin 1946 da 1958. Mutanen tsibirin Bikini su 167 ne, wata Lahadi bayan sun fito daga coci gwamnan soja ya tara su ya ce su ɗan matsa na ɗan lokaci don amfanin 'yan adam, suka yarda, aka kai su wani tsibiri Rongerik inda babu isasshen abinci har yunwa ta kusa gamawa da su, kuma har yau al'ummarsu ba ta zaune a Bikini.

Ranar 1 ga Maris 1954 aka tayar da mafi girma, ƙarfinsa ya ninka na Hiroshima kusan sau dubu, iska ta kwashi tokar ta kai tsibirin Rongelap inda mutane ke zaune ba wanda ya gargaɗe su. Toka fara ta yi ta zubowa a kan rufin ɗaki da cikin ruwan sha, yara suka fita suna wasa da ita suna shafawa a jiki don ba su san mene ne ba, kafin a zo kwashe su bayan kwana biyu fata ta fara ƙonewa gashi na zubewa ana ta amai. A matsayina na uwa in na tuna yaran nan sai in ji ƙirjina ya yi nauyi wallahi. An maido su a 1957 aka ce wurin ya gyaru, ciwon maƙoshi da ɓarin ciki suka yi yawa, a 1985 da kansu suka nemi a fitar da su. A tsibirin Runit kuma an tara gurɓatacciyar ƙasar a rami aka rufe da wani ƙaton murfin kankare, yana nan a bakin ruwa.

Ba Amurka kaɗai ba, Birtaniya ta yi nata a tsibirin Kiritimati, Faransa ta yi 193 a tsibiran Moruroa da Fangataufa daga 1966 har 1996. Kowa ya duba taswira ya ga kamar babu kowa a wurin, alhali gidan mutane ne.

Ɗalibar_Ilmi:

Innalillahi, ban taɓa sanin ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Na koma na duba tsakiyar Nauru kamar yadda Baba ya ce kuma na ga farin wurin da idona. Na gode ƙwarai Malam, na gode Baba, na gode Anti Ummu_Hanan. Saura batun nutsewar, da kuma abin da suke samun kuɗi da shi yanzu. Sannan dan Allah akwai musulmi a can kuwa?

Abu_Sadik:

Wannan ta ƙarshen na sani ƙanwata. Mafi yawan yankin kiristoci ne kuma masu riƙo sosai, a Tonga ranar Lahadi kusan komai rufewa yake. Amma Fiji akwai musulmi wajen kashi 6 cikin ɗari da masallatai da makarantunsu, jikokin Indiyawan da Turawan Ingila suka kawo noman rake ne, mutum wajen dubu 60 daga 1879 zuwa 1916 a kan kwantiragin shekara biyar-biyar, da yawa ba su koma ba. Zaman 'yan asalin ƙasa da jikokin Indiyawan nan shi ne ya yi ta dagula siyasar Fiji, an yi juyin mulki sau biyu a 1987, aka sake a 2000 da 2006. Wani abu kuma, tsibiran Solomon sunan Annabi Sulaiman alaihissalam suka ci, wani Basifaniye Mendaña da ya isa can a 1568 aka ɗauka ya gano inda zinariyar Annabi Sulaiman take.

Malam_Taswira kuma na karɓi bayaninka, batun mata da yara da iri shi ya gamsar da ni.

Malam_Taswira:

Madalla Abu_Sadik.

'Yar'uwa batun nutsewa gaskiya ne amma ba yadda ake zana shi ba, kamar wata rana za a wayi gari ruwa ya shafe ƙasa. Tuvalu tsibirai tara ne, duka-duka murabba'in kilomita 26, mutane wajen dubu 11, kuma wuri mafi tudu a ƙasar bai kai mita 5 ba. Ƙasa ta yi musu ƙaranci har a Funafuti babban birninsu filin saukar jirgi shi ne dandali, da yamma in babu jirgi nan yara ke buga ƙwallo manya na shan iska. Abin da ke faruwa shi ne lokacin da teku ya yi babbar cika ruwan ba ta gaɓa kaɗai yake shigowa ba, ta ƙarƙashin ƙasa yake ɓuɓɓugowa domin murjani huji gare shi kamar soso, sai ki ga tsakar gida ta cika da ruwan gishiri. Kin tuna ɗan ruwan daɗin da na ce yana kwance a ƙarƙashin yashi? to shi ne ke fara lalacewa, ramukan da suke shuka wani irin gwaza nasu mai suna pulaka gishiri ya kashe su. A 2011 da fari ya yi tsanani sai da aka kafa dokar ta-ɓaci aka kawo musu injin tace ruwan teku ta jirgin sama. Wani binciken jami'ar Okland ta Niyu Zilan na 2018 ya nuna faɗin ƙasar Tuvalu ma ɗan ƙaruwa ya yi cikin shekara arba'in saboda yashi da tsakuwar da igiya ke tarawa, wasu sukan kafa hujja da wannan su ce ai babu matsala, amma tarin tsakuwa a bayan tsibiri ba ya ba mutum ruwan sha. Wuri zai iya gagarar zama tun bai nutse ba.

Su ma ba zaune suke ba. Kiribati ta sayi fili wajen murabba'in kilomita 20 a Fiji a 2014 zamanin shugaba Anote Tong. Ministan harkokin wajen Tuvalu na lokacin Simon Kofe ya yi wa taron sauyin yanayi na 2021 jawabi sanye da kwat yana tsaye cikin ruwa har gwiwa, a wurin da da can tudu ne. A 2023 suka ƙulla yarjejeniya da Ostareliya wadda ta ba mutum 280 damar ƙaura duk shekara, kuma suka sa a tsarin mulkinsu cewa ƙasar Tuvalu da iyakokinta na ruwa suna nan har abada ko da tudun ya tafi.

Wannan batun iyakar ruwa shi ne amsar tambayarki ta kuɗi. Dokar teku ta ba kowace ƙasa ikon arzikin ruwa har mil 200 daga gaɓarta, to ki ɗauki Kiribati, tudunta murabba'in kilomita 811 ne kacal amma tsibiranta 33 sun warwatsu sosai har ruwanta ya wuce murabba'in kilomita miliyan 3, ya fi faɗin Indiya. Shuɗin nan da kika gani a waya kika ɗauka babu komai, shi ne ƙasar. Cike yake da kifin tuna, jiragen Japan da Koriya da Taiwan da Sin da Amurka sai sun biya kuɗi a kan kowace rana da suka yi suna kamu, kuma daga nan mafi yawan kuɗin gwamnatin Kiribati ke fitowa. Bayan haka akwai busasshiyar kwakwa, da kuɗin da 'ya'yansu masu aiki a jiragen ruwa da gonakin Ostareliya da Niyu Zilan ke aikowa, da tallafin waje, Fiji da Palau kuma 'yan yawon buɗe ido. Tuvalu har da adireshin intanet ɗinta take samun kuɗi, don harufan da suka faɗo mata su ne .tv, kamfanonin talabijin da bidiyo na so.

Warwatsuwar Kiribati har kwanan wata ta shafa, da can layin canjin rana ya ratsa ta tsakiya, in Litinin ce a yamma to Lahadi ce a gabas, ofisoshin gwamnati kwana huɗu kawai suke haɗuwa a mako, sai a 1995 suka tura layin gabas, shi ya sa yanzu suna cikin masu fara shiga sabuwar shekara a duniya.

Ki gaya wa ƙaninki jerin nasa daga mafi ƙanƙanta shi ne Batikan, sai Monako, sai Nauru ta uku, Tuvalu ta huɗu, San Marino ta biyar. In kuma malaminsu ya sa shi karanta Kiribati a aji ya ce Kiribas, domin a harshensu ti a matsayin s take.